Ƙarfen da wuta ba ta ci, da me aka ƙera takobinsa?

Ɗan Gwangwan Owode:

Assalamu alaikum jama'a. Shawara nake nema wurin waɗanda suka san ƙarfe, da ma'abota karatun labaran jarumai irin na da.

Ni sana'ata gwangwan. Ina da 'yar rumfa da sikeli a gefen kasuwar Owode Onirin, kan titin Ikorodu. Yara masu tura kura suna kawo mana kaya daga Ketu da Mile 12 da Ojota, mu auna, mu ware baƙin ƙarfe gefe, jan ƙarfe gefe, alminiyon gefe, in ya taru a loda shi zuwa kamfanonin narka ƙarfe da ke wajen Ogijo. Da daddare kuma ina rubuta labari a waya, ina sakinsa kashi-kashi a wani zauren WhatsApp na 'yan Arewa mazauna Legas. Labarin na wata duniya ce daban, babu mota babu bindiga, sai dawakai da ganuwa da aljannu.

Ginshiƙin labarin wani ƙarfe ne da na sa wa suna gamzaki. Tauraro ne ya faɗo da asuba kan wani tsauni tun zamanin kakannin kakanni, ya tsage gida bakwai. Abin da aka samu ke nan a duk duniyar, babu ramin da za a haƙa a ƙaro. Launinsa toka-toka ne mai ɗan shuɗi, ba ya tsatsa, ba shi da nauyi, yana yanka baƙin ƙarfe, ɗan tauri bai isa ya tsaya gabansa ba, aljani in ya ji amonsa sai ya bar gari. Na kuma ce wuta ba ta cinsa ko da za a kwana ana zuga. Gutsure ɗaya aka yi takobin babban sarki da shi, biyu suna hannun wasu masarautu da ba sa ga maciji, sauran huɗun ba a san inda suke ba. Jarumar labarin 'yar maƙeri ce marainiya, ta gaji ɗaya daga cikin huɗun ba ta sani ba, yana nan a gidansu an tokare ƙofar rumbu da shi.

Sai wata mai karatu ta turo min saƙo, ta ce ƙarfen da wuta ba ta ci, kuma babu abin da ke yanka shi, wa ya buga shi har ya zama takobi, kuma da me ake wasa shi?

Amsa mafi sauƙi ita ce in ce aljannu suka ƙera, in wuce abina. Ba na so. Na sha karanta labaran da in marubuci ya shiga lungu sai ya kira boka ko sarkin aljannu ya fito da shi, kuma daga wannan shafin nake daina jin tsoron abin da zai sami jarumi. Ni da ƙarfe nake yini. Yaro ya sauke buhu, tun ban kwance bakinsa ba na san rabin abin da ke ciki daga ƙararsa. Mayen ƙarfe kullum yana aljihuna. In ya kama, baƙin ƙarfe ne. In bai kama ba sai a goga da magagari a ga launin ciki, ja ne ko rawaya ko fari. Wani kuma sai an ɗora shi a giranda an duba tartsatsinsa. So nake gamzaki ya zama ƙarfen da mutum irina zai karanta ya ce haka ne, wannan zai iya hawa sikeli.

Akwai kuma abin da ke damuna wanda ita ba ta tambaya ba. A sana'armu ƙarfe ba ya mutuwa, sai dai ya sake kama. Rodin da ke cikin wani bene a Lekki yau, wataƙila bodin danfo ne bara, motar hayar nan ta Legas. To in gamzaki ba ya narkewa, duk abin da aka yi da shi ya zauna ke nan har abada, babu saye babu sayarwa babu sata mai riba, labarin ya daskare. Sannan sarkin da ke riƙe da takobin da babu sulken da ke tare shi, me ya hana shi cinye duniyar tun a babi na biyu? Wanda ya san wani abu ya taimaka. Na bar masu karatu a rataye, har sun fara tsokanata wai marubuci ya tafi haƙar gamzaki.

Baba Maƙeri Agege:

Wa alaikumus salam. Jikana ne ke karanta min, shi ke buga abin da na faɗa, in an ga kuskure nasa ne.

Ɗana, narkewa daban, laushi daban, kai ka haɗa su wuri ɗaya. Mu gidan ƙira ne kaka da kakanni a ƙasar Katsina, maƙeran baƙi, kuma babu wanda ya taɓa mayar da baƙin ƙarfe ruwa a gidanmu. Wannan aikin maƙeran fari ne masu azurfa da tagulla, su ke narkawa su zuba. Kakana ya riski masu dafa tama. Da rani suke fita daji, su gina murhun laka mai tsawo, su jera tama da gawayi hawa-hawa, a kunna a bar shi. Abin da ake cirowa curi ne mai huji-huji kamar gidan gara, haɗe da kashin ƙarfe. Sai an kai shi maƙera an yi ta gasawa ana duka, kashin na fita, kafin ya zama abin da za a yi fartanya da shi. To ka ga ba sai ka janye maganarka ba. Ka bar wuta ba ta narka shi, amma ka nemo abin da ke sa shi laushi, abu ɗaya tak, kuma ya zama mai wuyar samu. Ko mu ba kowane gawayi muke aiki da shi ba. Na ƙirya muke nema saboda yana riƙe wuta, na itacen banza sai ya zama toka ƙarfe bai yi ja ba.

In ka yi haka, duba wanda zai zama mai ƙarfi a labarinka. Gidan da ya san sirrin ne. Sarki yana da takobi, amma ranar da bakinsa ya dakushe ko ƙotarsa ta kwance, ƙofar wa zai je? Ko a labarin Bayajida da kowa ya sani, sai da ya biya Gaya maƙera suka yi masa wuƙa kafin ya isa rijiyar Kusugu a Daura. Mu a Katsina ga Gajere nan, takobin sarauta, gajere ne kamar yadda sunansa ya nuna, amma babu wanda ya raina shi don tsawo. Ba a banza kowace masarauta ke da Sarkin Maƙera ba. Sarkinka zai girmama maƙeran a fili, ya sa musu ido a ɓoye, ba zai bar su su aurar da 'ya'yansu wani gari ba. Yarinyar taka marainiya ce ka ce. To ka tambayi kanka wa ya kashe ubanta.

Abu biyu kuma ban yarda da su ba. Na farko, ka ce ba shi da nauyi. Ni yanzu wuƙaƙe da adduna nake yi wa mahautan kwata ta Oko-Oba, da sifirin ɗin mota nake yin su. Ka je ka ba mai sara ƙashi adda marar nauyi ka ga ko zai karɓa. Nauyi ne ke yin rabin aikin sara, kaifi hanya kawai yake buɗewa. Takobin da ba shi da nauyi zai tsaga fata, ba zai ratsa lifidi ba. In dai kana so ya zauna marar nauyi, to a yi jikin takobin da baƙin ƙarfe, a ɗora gamzaki siriri a baki. Haka ma ya fi, don gutsure ɗaya zai ishi takubba da yawa.

Na biyu, babu ƙarfe mai tauri da ba shi da gautsi. In na gasa wuƙa ta yi ja na tsoma ta a ruwa, tana fitowa magagari ba ya kama ta, amma ka yar da ita kan siminti sai ta karye biyu. Dole in sake ɗumama ta kaɗan in rage mata taurin, in sayi juriya da shi. Kullum ciniki ne, ka samu nan ka rasa can. Ƙarfen da ka ba shi komai ba ka karɓi komai ba, mu maƙera ba za mu yarda da shi ba ko a tatsuniya.

Direban Tirela Apapa:

Ni tambayata ɗaya ce, nawa kilo? In yana da tsada a turo min kwatancen rumbun nan, in na sauke kaya a Tin Can zan biya. Amma da gaske Ɗan Gwangwan, kar ka kashe yarinyar nan. A layin shiga tashar jirgin ruwa nake karanta labarin, shi ke rage min zaman.

Ɗalibar Akoka:

Baba, Allah ya ƙara girma. Abin da kuka faɗa shi ake koya mana a aji, sai dai mu da lambobi. Baƙin ƙarfe zalla sai ya kai digiri 1,538 a ma'aunin Salshiyos yake narkewa, murhun dafa tama irin na gargajiya kuwa wajen 1,200 yake tsayawa. Shi ya sa curi ake samu. Zinariya 1,064 ce, jan ƙarfe 1,085, alminiyon 660 kacal, shi ya sa masu zuba tukwane ke narka shi a bayan gida.

Yaya Ɗan Gwangwan, ƙarfen da ya faɗo daga sama ba ƙirƙira ba ce gaba ɗaya, kuma tarihinsa zai ba ka kayan aiki. A shekarar 1925 Howard Carter ya sami wata wuƙa a jikin gawar Fir'auna Tutankhamun, wanda ya mutu sama da shekara 3,300 da suka wuce, lokacin da ƙarfe ya fi zinariya wuyar samu a Masar. Binciken da aka fitar a 2016 ya nuna kusan kashi 11 cikin 100 na ruwan wuƙar sinadarin nikel ne, alamar cewa daga dutsen sama aka yi ta. Mafi girman irin wannan da aka sani yana Namibiya, ana kiransa Hoba, an gano shi a 1920, nauyinsa wajen tan 60, har yau yana inda ya faɗo don babu wanda ya ɗaga shi. Ko a gida an taɓa yi: ranar 3 ga Oktoba 1962 wani dutse mai nauyin kilo 18 ya faɗo kusa da wani manomi a Zagami ta ƙasar Katsina, daga baya aka tabbatar daga duniyar Mars ya fito. Shi dai dutse ne, ba ƙarfe ba.

Wanda ya fi dacewa da matsalarka shi ne na mutanen Inuwit a arewacin Girinlan. Ba su da itacen yin gawayi, ba su da maƙera, amma suna da manyan curin ƙarfen sama a ƙasarsu. Sai su ɓantari ƙanana da dutse, su yi ta dukansu a sanyi har su baje, su jera su a bakin ƙashi ko haure, ya zama wuƙa ko kan mashi. Ɗaruruwan shekaru suna haka babu wuta. Ka lura, daidai da shawarar Baba ce ta ɗora shi a baki kawai.

Akwai kuma alamar da ba a iya kwaikwayo. Yawancin ƙarfen sama in an yanka shi an goge an shafa masa asid, sai wani zane na layuka masu saƙa da juna ya fito. Zanen ya samu ne saboda ƙarfen ya huce a hankali cikin miliyoyin shekaru, babu murhun da zai yi maka shi. In kuma aka gasa shi sosai zanen ya tafi ke nan. Ka ba gamzaki irin wannan shaida.

Maganar laushi kuwa, ba dole ba ne zafi ya zama maƙiyinsa. Akwai ƙarfen da ake kira galiyom, wajen digiri 30 yake narkewa, wato a tafin hannu. Ƙarfen kuza kuma sanyi ne ke cutarsa: ƙasa da digiri 13 yana iya fara sauya jiki, in sanyin ya tsananta ya daɗe sai ya rugurguje ya zama gari mai launin toka. Tun da duniyarka ce, me zai hana ka juya abin? Wuta ta ƙara masa tauri, sanyi ya sa shi laushi.

Inda na saɓa da kai shi ne gutsure bakwai ɗin nan. Ƙarancin da ya fi ba da labari shi ne ƙarancin sani. Alminiyon shi ne ƙarfen da ya fi kowanne yawa a ɓawon ƙasa, kusan kashi 8 cikin 100, amma a tsakiyar ƙarni na 19 kayan sarakuna ne, don raba shi da dutsensa na da matuƙar wuya. A 1884 da shi aka yi ɗan tsinin da ke ƙololuwar hasumiyar tunawa da Washington a Amurka. A 1886 Hall a Amurka da Héroult a Faransa, kowa da kansa, suka gano hanyar fitar da shi da lantarki, farashi ya rushe. Yau yaranka na tsinto shi a kwata. Ka yi tunanin sarkin da duk mulkinsa ya dogara da ƙarfe guda, sai ya ji wata yarinya ta gano cewa tsaunin gaba ɗaya cike yake da shi.

Hajiyar Idi-Araba:

Ƙanena, ni ce na turo maka saƙon nan, ban san zai kai mu nan ba. Tun da an buɗe fili bari in ƙara.

Tambayar wasawa ni na yi ta, kuma a wurin aikinmu amsarta take. Gwal nake saye da sayarwa, kuma duk mai harkar kayan ado ya san daimon da garin daimon ake goge shi, don babu abin da ya fi shi tauri. To gamzaki ma a wasa shi da garinsa. Daga nan sai ka tambaya: garin da ke zuba in ana wasa takobin sarki, ina yake zuwa? Maƙerin zinariya ba ya zubar da sharar shagonsa, tarawa yake, a ƙona a tace a fitar da abin da ya zube. A fadar sarkinka dole akwai mai share maƙera, kuma ko baiwa ce, ta fi wasu hakimai arziki in tana da wayo. Ga kasuwar da kake cewa babu. Gari-gari za a riƙa fitar da shi, a ƙulle a bakin zane.

Inda kuma abu ya yi tsada, jabu ya riga shi isa kasuwa. Mu ba ma yarda da hatimin da ke jikin sarƙa. A goga ta a baƙin dutse, a ɗiga ruwan gwaji a kan layin, a ga ko zai tsaya. Mai lamba 18 kashi 75 cikin 100 ne gwal, mai 21 kashi 87 da rabi, bambancin nan kuɗi ne masu yawa a awo ɗaya. Akwai ma wani ƙarfe, tangistin, da nauyinsa ya yi kusan daidai da na gwal, 'yan damfara na lulluɓe shi, sikeli ba ya tona su. A labarinka ina so in ga sarki ɗaya cikin ukun nan wanda takobinsa jabu ne, ya sani, kuma shekara da shekaru yana mulki da tsoron da mutane ke yi wa abin da ke cikin kube. Wannan ma ya amsa maka dalilin da ya sa bai fita cin duniya ba.

Sai abin da ke ba ni haushi da ku marubuta maza. Duk abin kirki da aka samu sai a yi takobi da shi. Ƙarfen da ba ya tsatsa ba ya dakushewa, a ba mace ta zaɓa, allura za ta ce, ko askar ungozoma. Wanzami zai ce aska, manomi zai ce bakin garma. Kai da ke Legas ka san abin da iskar teku ke yi wa ƙofar ƙarfe cikin damina biyu. Ka sa ɗaya daga cikin huɗun da suka ɓata ya zama an daɗe da mayar da shi ƙananan abubuwa, suna yawo a cikin kayan ɗakin amare, uwa ta ba 'ya, ba wanda ya san asalinsu.

Kuma kar ka manta da waɗanda ke haƙa. Mahaifina ya yi aikin kuza a Bukuru. Ya ce akwai wani baƙin yashi da ke fitowa tare da kuza, da farko a juji ake zubar da shi, sai a shekarun 1950 Turawa suka matsu da shi don injin jiragen sama, kwalambait ke nan, aka koma ana tone jujin. Lebura bai ga ribar ko ɗaya ba, kududdufan da aka bari kuwa har yau suna nan a Filato suna cin mutane da dabbobi. Na Zamfara ma a idonmu aka yi, a 2010, yara sama da 400 suka rasu a ƙauyukan Anka da Bukkuyum saboda gubar dalma da ke cikin dutsen zinariyar da ake niƙawa a cikin gidaje. Ni mai sayar da gwal ce nake faɗa maka wannan. In tsaunin nan naka yana da ƙauye a gindinsa, ina so in san lafiyar 'ya'yansu.

Malam Na Alaba Rago:

Madalla da wannan zaure. Gyara ɗaya da ƙari ɗaya.

Gyaran: ɗana, ƙaga labari ba laifi ba ne, amma ka bar ƙarfen a matsayin halitta, kar ka sa mutanen kirki na labarin su riƙa roƙonsa ko rantsuwa da shi. Miyagu su yi, a ga ƙarshensu. Kar kuma ka jawo ayoyi ka jingina wa gamzaki. Ƙarfen gaske ne aka ambata a sura ta 57, shi aka tausasa wa Annabi Dawuda, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, yana saƙa sulke. Wannan mu'ujiza ce, a bar ta a wurinta.

Ƙarin kuwa kan sunan da ka zaɓa ne. Tauraron asuba da muke kira gamzaki shi ne dai zara da ake gani da magariba. Wata takwas zuwa tara yana fitowa ta gabas kafin rana, sai ya ɓuya, sai ya dawo ta yamma. Zagayen duka kwana 584 ne, kuma duk bayan shekara 8 lissafin yana komawa kusan inda ya faro. Saboda haka ba kowane hunturu ne ake ganinsa da asuba ba. In ka ɗauki shawarar ɗiyata ta Akoka, ga ma'auni a hannunka.

Ɗan Gwangwan Owode:

Kai jama'a, Allah ya saka da alheri. Allah gafarta Malam, na ji, kuma dama bokan fada ne kaɗai ke yi masa yanka a labarin.

Ga abin da na tsayar. Wuta tauri take ƙara wa gamzaki, shi ya sa duk maƙerin da ya gwada shi a murhu ya lalata rabonsa. Laushi yake yi a tsakiyar hunturu, tsakanin fitowar tauraron da hudowar rana, a shekarar da tauraron ke gabas kaɗai. Rana na taɓa shi ya koma yadda yake. Maƙeran gidan su yarinyar suna hawa tsauni da shi, inda sanyi ya fi tsanani, su yi abin da za su iya kafin gari ya waye, in bai ƙare ba sai wata shekarar. Takobin babban sarki mutum uku suka yi shi, kaka ya fara jika ya gama. Na karɓi maganar Baba, jikinsa baƙin ƙarfe ne, baki kawai gamzaki.

Abin da ya fi faranta min rai shi ne wannan ya warware maganar yaƙi ba tare da na taɓa ta ba. A ƙasashen labarin da rani ake fita yaƙi, bayan an kai amfanin gona gida, wato lokacin hunturu. Ga shi kuma a daidai wannan lokacin, a irin waɗannan shekarun, bakin takobin sarki da asuba ko kara ba zai yanka ba. Shi ya sani, Sarkin Maƙera ya sani, mai lissafin taurari na fada ya sani. Duk shekarar da tauraron ke gabas sai sarki ya ƙirƙiro dalilin zama a gida, jama'a na cewa tausayi ne. Uban yarinyar kuwa, Baba, kun riga kun faɗa min wanda ya kashe shi.

Yaya Hajiya, kin ci allurarki. Mai share maƙera ma ta shiga, tsohuwa ce, ita za ta fara gane abin da aka tokare rumbu da shi, don da asubar hunturu ta ga sawun kofaton akuya a jikinsa. Takobin jabu na ba sarkin kudu. Ƙauyen gindin tsauni sai na yi tunani, ba na so in taɓa shi da wasa.

Ƙanwata ta Akoka, a nan ne ba mu daidaita ba. Ba zan cika tsaunin da gamzaki ba. Na san abin da faɗuwar farashi ke yi, na ga mutanen da suka tara jan ƙarfe suka wayi gari kuɗinsu ya zube, amma wannan labarin 'yan kasuwa ne, ni kuma masu karatuna jira suke a zare takobi. Bakwai ɗin suna nan. Zanen da ke fitowa dai na ɗauka, da ruwan tsamiya za a riƙa fito da shi maimakon asid.

Baba Maƙeri Agege:

To ɗana, ya yi. Amma ka jawo wa kanka aiki. Maƙerar da ba a hura wuta, ko fitila ba za a kusanto da ita ba, a duhu za su yi duka, da kunne da yatsa za su san inda masaba ta sauka. Uwar maƙerar ma a kan tsaunin za ta zauna, babu mai hawa da ita kullum, sai a sa mai gadi. Kuma kar in ji yarinyar nan ta ƙera takobi a hawan farko, ta fara da allurar Hajiya, ta lalata biyu tukuna.

Saura abu ɗaya. Mu duk da zuga-zugi muka fara, shekaru ina zuga kafin a bar ni in taɓa awartaki, a nan yaro ke koyon kallon ƙarfe. Maƙerarka babu wuta, babu zuga. Wane aiki za a ba yaron da aka kawo koyo? Ka nemo masa kafin ka saki kashi na gaba.